Office na kirak a shagon buga takardu: haɗarinsa da abin da zai maye gurbinsa

"Assalamu alaikum. Ina da shagon buga takardu kusa da wata kwalejin fasaha, kwamfuta huɗu da firinta biyu. Muna buga wa ɗalibai furojet, muna cike musu fom ɗin makaranta da na JAMB, makarantun Islamiyya ma kan kawo tambayoyin jarrabawa. Wani yaro mai gyara ne ya saka mini Office a kan dukansu. Kafin ya saka sai da ya kashe Windows Defender, ya ce kada in ƙara kunna shi. Yanzu jan layi ya fito a saman Word wai lasisi bai yi ba, yaron ya ce in kawo ya sake yi masa kirak. Wani abokina kuma ya ce ta nan ake sace wa mutane kuɗi. Na tambayi farashin na asali, ya fi ƙarfina. Da gaske akwai haɗari, ko tsoratarwa ce kawai? Kuma akwai na kyauta da zai yi mini aikin Word da Excel ba tare da kwastomomi sun gudu ba?"

Wa alaikumus salam, Malam. Idan na fahimce ka, abu biyu kake son sani: ko maganar abokinka tana da tushe, da kuma ko akwai mafita ga wanda aljihunsa bai kai Office na asali ba. Maganarsa tana da tushe, mafita kuma akwai, sai dai kowanne yana bukatar bayani. Sana'ata ke nan, haɗa wa ƙananan ofisoshi da makarantu kwamfuta da kula da su, kuma masu shago irin naka su suka fi kawo mini wannan matsala.

Ba kai kaɗai ba ne. Ƙungiyar BSA, wadda manyan kamfanonin manhaja suka kafa don kare kasuwarsu, ta ƙiyasta a rahotonta na 2018 cewa kimanin kashi 80 cikin 100 na manhajojin da ke kan kwamfutoci a Najeriya ba su da lasisi, alhali a duniya baki ɗaya kashi 37 ne. Ko mun rage wani abu saboda masu kaya ne suka yi ƙidayar, duk wanda ya taɓa sayen laftof ta hannu ya san da Office ɗinta ake miƙo masa ita, ba mai tambayar inda ya fito.

Abin da yaron ya yi wa kwamfutarka

Microsoft ta tanadar wa manyan ma'aikatu, irin bankuna da jami'o'i masu dubban kwamfutoci, wani tsari mai suna KMS. Maimakon a bi kowace kwamfuta ana shigar mata da lambar lasisi, sai a ajiye babbar kwamfuta guda, sauran su riƙa karɓar izini daga wurinta. Izinin na kwana 180 ne, kuma kowace takan sabunta nata muddin tana samun babbar. Manhajojin kirak, wato na fasa lasisi, irin su KMSpico, abin da suke yi shi ne su ƙirƙiri babbar kwamfuta ta bogi a cikin taka, Office ya ɗauka yana ofishin wani kamfani da ya biya kuɗi. Da zarar wani abu ya goge ɓangaren da ke sabunta yaudarar, bayan wata shida jan layi ya dawo. Mai yiwuwa abin da ya faru da naka ke nan, kuma idan aka sake yi, zai iya sake dawowa.

Kafin kirak ya yi wannan aiki dole a ba shi cikakken iko a kan kwamfutar, ikon saka komai, karanta komai, goge komai. Dole kuma a kashe Defender, manhajar tsaro da ke zuwa tare da Windows. Masu gyara sukan ce ai Defender ƙarya yake, kuɗin Microsoft kawai yake karewa. Akwai ƙamshin gaskiya a maganar, domin yana kama kirak ko da ba a haɗa shi da wata cuta ba, tunda shi kansa kayan fasa lasisi ne. To amma nan matsalar take. An saba yin watsi da gargaɗinsa, don haka ranar da ya yi gargaɗin gaske ma ba mai saurarensa. Ka sallami maigadi da hannunka, ka miƙa makullin shago ga baƙon da ba ka san sunansa ba, don kawai wani ya ce mutumin kirki ne.

Shi ma yaron da wuya ya san ko wane ne baƙon. KMSpico ba shi da kamfani, ba shi da shafi na hukuma. Shafukan da ke fitowa da sunansa idan an bincika a Google na wasu mutane ne daban, kowa ya ƙulla nasa a ciki. Wanda ke kan filash ɗin mai gyara daga filash ɗin wani ya kwafo shi.

Abin da ke shigowa tare da shi

Wanda ya fi damuna shi ne mai satar bayanai, saboda ba ya nuna alama. A Disamba 2021 kamfanin tsaron kwamfuta na Red Canary da ke Amurka ya bayyana yadda ake cusa wata manhaja mai suna CryptBot a cikin KMSpico. Office yakan buɗe lafiya lau, mai kwamfuta ya yi murna, ita kuwa tana kwashe kalmomin sirrin da aka adana a Chrome da sauran burauzoji, da bayanan asusun kirifto, tana aikawa waje. Tana ɗaukar har ɗan fayil ɗin da ke shaida wa Gmail ko Facebook cewa kai ne ka riga ka shiga, wanda da shi ake iya shiga asusunka ba tare da an san kalmar sirri ba. A Afrilu 2023 Google ta kai masu rarraba CryptBot kotu a New York, ta ce ta shiga kwamfutoci kusan 670,000 cikin shekara guda ta hanyar manhajojin bogi.

Yanzu ka duba shagonka. Ɗalibi nawa ne ke shiga imel ɗinsa a kan kwamfutocinka don ya ciro takarda? Katin NIN nawa, fasfo nawa, sakamakon WAEC da NECO nawa ke zube a foldar sikan? Kai kanka, ba ka taɓa shiga asusun banki a kai ba? Mutumin da ke amfani da kirak a laftof ɗinsa na gida kansa kawai ya jefa cikin haɗari. Kai kuwa sirrin jama'a ne a hannunka.

Na biyu shi ne mai garkuwa da fayiloli. Wanda ya fi addabar ƙananan masu kwamfuta sunansa STOP, nau'insa da ake kira Djvu ya bayyana tun ƙarshen 2018, kuma babbar hanyarsa ita ce kirak da manhajojin sata. Yakan kulle duk takardu da hotuna, ya liƙa wa sunan kowane fayil wasu baƙin haruffa a ƙarshe, ya bar wasiƙa yana neman kuɗin fansa, wanda a shekarun baya dala 980 ne, ko 490 idan an tuntuɓe su cikin awa 72. Kamfanin Emsisoft ya fitar da manhajar buɗewa kyauta, amma tana aiki ne kawai idan cutar ta kulle fayilolin a lokacin da ta kasa samun intanet. In ta samu, makullin yana hannun ɓarayin. An sha kawo mini irin wannan, yawanci a lokacin da ɗalibai ke rige-rigen miƙa furojet, kuma abin da nake iya yi shi ne in wanke kwamfutar. Takardun sun tafi, sai wanda ya ajiye kwafi a wani wuri.

Akwai kuma mai haƙar kirifto a ɓoye: fanka ta yi ta gurnani, kwamfuta ta yi zafi ta yi nauyi, man janaretonka yana tara wa wani kuɗi.

Don adalci, ba kowane kirak ne ke ɗauke da cuta ba. Akwai waɗanda suka yi shekaru suna amfani da shi ba su ga komai ba, kuma za su faɗa maka haka. Abin da nake cewa shi ne ni da kai da yaron babu mai iya kallon fayil ɗin ya rantse mai tsabta ne, kuma mai satar bayanai ba a ganinsa sai ranar da aka wayi gari an kwace wa mutum WhatsApp ko asusu.

Ko an dace da mai tsabta, saura matsalar tsufa. Yawancin Office ɗin da ke yawo a filash tsofaffi ne. Microsoft ta daina gyara Office 2007 a 2017, na 2010 a 2020, na 2013 a 2023, na 2016 da 2019 kuma ranar 14 ga Oktoba 2025, rana ɗaya da Windows 10. Masu gyara kuma sukan kashe afdet don kada ya ci data ko ya tona kirak. Misali guda ya isa: a Nuwamba 2017 aka toshe wata kafa a ɓangaren rubuta alamomin lissafi na Office, ɓangaren da ba a taɓa ba tun shekarar 2000. Buɗe takardar Word da aka shirya musamman kawai ya isa a shiga kwamfuta. Shekaru bayan gyaran 'yan damfara suna ta cin kasuwa da ita, saboda kwamfutocin da ba su karɓi gyaran ba. Kai kuwa aikinka ke nan, buɗe takardun mutanen da ba ka sani ba daga filash da WhatsApp tun safe har dare.

Doka da amana

Dokar haƙƙin mallaka ta Najeriya ta 2022, wadda aka sa wa hannu a Maris 2023, tana kare manhajar kwamfuta kamar yadda take kare littafi, kuma Hukumar Kare Haƙƙin Mallaka ce ke aiwatar da ita. Ba zan tsorata ka da kamu ba, ban taɓa ganin an rufe ƙaramin shago saboda Word ba. Wadda ta fi kusa da kai ita ce dokar kare bayanan jama'a ta Yuni 2023, da ta ɗora wa duk mai riƙe bayanan mutane nauyin tsare su. Ta fuskar addini, Majalisar Fiƙihu ta ƙungiyar ƙasashen Musulmi, a zamanta na Kuwait a Disamba 1988, ta yanke cewa haƙƙin ƙirƙira da na wallafa haƙƙi ne da shari'a ta kare. Yadda hakan ya shafi halin da kake ciki, wannan na malamai ne. Ni dai abin da zan ce shi ne uzurin rashin kuɗi ya yi rauni tunda akwai na halak kyauta.

LibreOffice, da yadda za ka saita shi

Shi nake fara saka wa masu irin aikinka. Wata gidauniya ce a Jamus, The Document Foundation, ke kula da shi tun 2010, lokacin da masu haɗa OpenOffice suka ɓalle bayan Oracle ta saye kamfanin Sun. Lasisinsa ya yarda ka saka a kwamfuta ko nawa ce, ka yi kasuwanci da shi, ka kwafa wa maƙwabci. Ba rajista, ba talla, ba ya bukatar intanet bayan an sauke shi, girmansa kuma bai kai rabin giga ba, sauke ɗaya ya ishi kwamfutocinka huɗu. Writer ke tsayawa a madadin Word, Calc a madadin Excel, Impress a madadin PowerPoint. Ba kayan wasa ba ne: a 2024 jihar Schleswig-Holstein ta arewacin Jamus ta yanke shawarar mayar da kwamfutocin ma'aikatanta kimanin 30,000 kansa. Ka sauke daga shafinsa na libreoffice.org kawai. Kada ka ɗauko OpenOffice don sunan ya fi saba maka, tun 2014 bai samu babban sabuntawa ba.

Yawancin masu cewa sun gwada bai yi ba, saiti ne ba su yi ba. LibreOffice yana ajiye takarda da nasa tsarin, odt, ɗalibi kuma docx malaminsa ke jira. Ka shiga Tools, sai Options, sai Load/Save, sai General, ka zaɓi ya riƙa ajiye rubutu a tsarin Word, lissafi a na Excel, gabatarwa a na PowerPoint. Sau ɗaya ake yi. Idan masu buga maka rubutu sun saba da fuskar sabon Word, ka shiga View, sai User Interface, ka zaɓi Tabbed, maɓallan za su jeru kusan yadda suka sani. Gajerun hanyoyin kibod da hannunsu ya haddace, na kwafa da liƙawa da kaurara rubutu da ajiyewa, duk ɗaya ne.

Babban abin da ke sa shafi ya goce shi ne salon haruffa. Idan takarda ta zo da salon da babu a kwamfutarka, sai a maye shi da wani mai faɗi daban, layi ya tura layi, babi na biyu ya faro daga tsakiyar shafi. A nan ka yi sa'a, domin Times New Roman da ake buga furojet da shi, da Arial da Calibri, tare da Windows suke zuwa, ba da Office ba, saboda haka suna nan ko ka cire shi. Waɗanda za ka rasa su ne na ado da ake yin satifiket da katin biki, irin Monotype Corsiva da Algerian, da kuma Aptos da sabon Microsoft 365 ke farawa da shi. Na ado akwai makamantansu kyauta birjik a Google Fonts.

Ga tambayoyin Islamiyya, ka koma Options, ɓangaren harsuna, ka kunna Complex text layout ka zaɓi Larabci. Maɓallan rubutu daga dama zuwa hagu za su bayyana, kuma yana haɗa Larabci da boko a shafi guda ba tare da rikici ba. A wannan fanni na fi yarda da shi a kan sauran na kyauta.

Ka kuma sauya ɗabi'a guda a shagon: duk wanda ya zo fitar da takarda kawai, ba gyara ba, ka ce ya turo PDF. Wayarsa ma za ta yi masa. PDF ba ya gocewa ko a wace kwamfuta, ya raba ka da gardamar "ba haka na tsara ba".

Inda ba zai ishe ka ba

Takardar Word mai cike da akwatunan rubutu, zane-zanen SmartArt, ko alamomin lissafi masu yawa irin na ɗaliban injiniya, takan ɗan canza, sai an duba kafin a fitar. A Calc, lissafin yau da kullum da takardar sakamakon ɗalibai ba matsala, har XLOOKUP ya shigo tun fitowar Agusta 2024. Amma fayil ɗin Excel da wata hukuma ko banki ta tsara da makro a ciki, wato ƙananan umarni masu yin aiki da kansu, aka ce a cike a mayar, ba na ba da tabbaci a kansa. Wanda ya gina aikinsa a kan Access, manhajar Office ta tara bayanai, shi ma ba shi da madadi kai tsaye. Draw, ɓangaren zane na LibreOffice, yana buɗe fayilolin Publisher da na CorelDraw, amma ba daidai da asali ba. Idan kwamfutocinka na kan Windows 7 ne, sabbin fitowar LibreOffice sun daina hawa kansa, kuma Windows ɗin kansa an daina gyara shi tun Janairu 2020.

Shi ya sa nake haɗa shi da OnlyOffice, na wani kamfani a Latbiya. Na kwamfutar tebur kyauta ne, kamanninsa na sabon Office ne sak, kuma docx da xlsx su ne harshensa na asali, don haka takardar da ta goce a Writer sau da yawa takan zauna daidai a cikinsa. Ya fi nauyi a tsohuwar kwamfuta, kuma bai daɗe da fara karɓar Larabci ba. WPS na kamfanin Kingsoft na Sin, wanda ɗalibanka ke da shi a waya, shi ma yana buɗe takardun Word da kyau, sai dai talla da matsa wa mutum ya buɗe asusu sun yi masa yawa ga kwamfutar shago. Wanda ake rabawa a Telegram wai an buɗe masa komai, wannan kirak ne da sabuwar riga.

Google Docs mai wurin ajiya giga 15 kyauta, da Word da Excel na cikin burauza da Microsoft ke bayarwa kyauta da giga 5, sun fi dacewa da ɗalibi fiye da shago, tunda ranar da netwok ya ɗauke aiki ya tsaya. Ka dai gaya wa ɗaliban, wanda makarantarsa ta ba shi imel ɗinta ya gwada, makarantu da yawa suna cikin shirin Microsoft na ɗalibai.

Idan ka ga aikin da ke bukatar Office na gaske yana yawan zuwa, ka saya wa kwamfuta ɗaya. Office 2024 ana biya sau ɗaya ne: na gida dala 150, na kasuwanci dala 250 a farashin da ya fito da shi, kuma na kasuwancin ne lasisinsa ya dace da shago. Amma ka kiyayi lambobin lasisi da ake tallatawa a intanet a kuɗin katin waya. Araha ba ta ado. Yawanci lambobin wata ma'aikata ne aka sato, ana iya toshe su kowane lokaci. Wanda ya fi muni shi ne mai sayar da "Office 365 na har abada" ya ba ka imel da kalmar sirri: asusu ne a ƙarƙashin ikonsa, yana iya leƙa abin da ka ajiye a ciki, yana iya rufe ka waje.

Yadda za a yi ƙaurar

Cire Office ɗin kawai bai isa ba. Idan wani abu ya shigo tare da kirak, ba ya bin Office ya fita. Sai an kwashe takardu da hotuna zuwa faifan ajiya na waje (hard disk), takardu kawai, ban da duk wani fayil na saka manhaja, sannan a yi wa kwamfutar fomat a saka Windows da aka sauke daga shafin Microsoft. Nan za ka iya cin riba: yawancin HP da Dell na hannu na zamanin Windows 10 suna da lasisi na gaske a cikin allon injinsu, idan aka saka irin Windows ɗin da suka zo da shi da kansu suke karɓar izini da zarar sun hau intanet. Ana yi musu kirak ne kawai don mai gyara bai duba ba. Wadda ba ta da lasisi ko ta tsufa da yawa, Linux Mint, wanda ake sakawa kyauta a madadin Windows, yana zuwa da LibreOffice a ciki, amma a fara gwada firinta da sikana a kai tukuna.

Bayan fomat, ka canza kalmomin sirrin imel, banki da Facebook daga wayarka, ka fitar da duk na'urorin da ke cikin asusun, ka kunna tabbatarwa mai mataki biyu. Ka buɗe wa kwastomomi asusun Windows marar ikon saka manhaja, ka hana burauza adana kalmar sirri, ka riƙa share foldar sikan a kai a kai.

Kada ka yi duka huɗun rana ɗaya, kada kuma ka fara a tsakiyar lokacin furojet ko rajistar JAMB. Ka fara da wadda aka fi shiga imel da cike fom a kanta, ka zaunar da wanda ya fi ƙwarewa cikin yaranka a kai na mako biyu, ya riƙa rubuta duk takardar da ta ba shi wahala. Wannan jerin ne zai nuna maka ko kana bukatar sayen lasisi ɗaya ko ba ka bukata. Sauran kwamfutocin, kafin layi ya zo kansu, kada kowa ya shiga banki ko imel a kansu.